Igiyar da Ta Tafi Dutsin Gawo

Da sunan Wanda ya shimfiɗa ƙasa bai gaya wa kowa iyakarta ba, ya ɗaga sama bai nuna wa kowa ginshiƙinta ba, ya ba ɗan Adam ƙafa biyu da zuciya mai son abin da ke nesa. Bayan haka, ya kai baƙon da hanyarsa ta gitta tawa a wannan fili, sauko daga raƙuminka ka zauna, ga guna ka fasa ka jiƙa maƙoshi. Ka ce daga bayan teku ka fito, kuma kana so ka ji dalilin da tsoho kamata yake yawo da igiya ɗaure a ƙugu kamar akuyar da za a kai kasuwa. Zan gaya maka, amma da sharaɗi. Ka ga wannan naɗin igiyar da na ajiye a gabana? Dube shi da kyau, za ka ga yana warwarewa da kansa a hankali yana bin gabas. In ya ƙare labari ya ƙare, ko da a tsakiyar magana nake.

Sunana Jatau, majemi ne ni, ɗan majemi, daga Kurmin Loko. Ƙasarmu kuwa, tunda ba ka san ta ba, ba ta zama wuri ɗaya. Faɗi take yi kullum. Ni da na girma a majema na fi kowa saurin gane abin, don in ka jiƙa fata mai ɗige-ɗige kana ja, ɗigon da ke kusa da yatsanka kaɗan yake matsawa, na can bakin fatar kuwa ya yi nisa sosai. Haka garuruwanmu suke. Maƙwabcinka na kusa ba za ka lura ya matsa ba har ka mutu, amma gari mai nisa gudu yake yi daga gare ka, kuma iya nisansa iya saurinsa.

Saboda haka muke da al'adar igiya. Duk wanda nasa ya tafi wani gari, a kan ja siririyar igiyar rama daga turken gidansa zuwa turken gidan da ya sauka, a ɗora ta kan gwafanni a hanya. Wanda ke gida shi ke da aikin tufka, yana ƙara mata tsawo don kada ta tsinke. Kowace safiya kowa ya ja nasa bakin sau ɗaya, na can ya ji ya san kana raye. In mutum ya rasu sai a yanke igiyarsa, na ɗaya bakin ya ji ta yi sako-sako, ya zauna karɓar gaisuwa. Ba a aika manzo.

Matata Tabawa 'yar Dutsin Gawo ce, can gabas. Da cikinmu na fari ya tsufa ta bi ayari zuwa gidansu goyon ciki, kamar yadda kowace mace take yi. Ni na ɗaura igiyar a turkenmu da hannuna. Tana kan raƙumi ta leƙo ta ce, "Jatau, kada ka ja da ƙarfi irin naka na jan fata, ka tsinka mana ita." Na ce to. Bayan 'yan watanni, wata safiya ina riƙe da igiya na ji janta kamar kullum, sai kuma na ji wani ɗan ƙaramin motsi a bayansa, kamar tsuntsu ya sauka ya tashi. Ta kama hannun jariri ne ta ja da shi. Wallahi ranar ban iya aiki ba, na yini ina zagaya gari ina gaya wa mutanen da ba su tambaye ni ba.

Sai ayarin da zai je ya dawo da su ya ƙi tashi.

Na je wurin Madugu Barmo, wanda shi ke jagorar ayarin gabas. Na same shi yana gyaran akala, ko ɗago kai bai yi ba. Ya ce, "Ka san ayarin Arewa da ya tafi bara? Ƙishirwa ta cinye su, rijiya tana gabansu ba su kai ba. Ruwan da muke ɗauka da awon malamai muke ɗaukarsa. Gidan Fitila su faɗi yadda hanya ta ƙaru, Gidan Amo su faɗi nasu, in sun dace mu tashi. Bana ba su dace ba."

Na ce, "Da can fa?"

Ya ce, "Da can awonsu na kirdado ne, kowa ya ce tsakanin kaza da kaza, sai su haɗu a tsakiya. Yanzu duk sun ƙware, kowa ya tsaya kan magana ɗaya, maganar kuwa ba ɗaya ba ce. Mun yi rantsuwa, mu madugai, ba mai ɗaura kaya sai sun daidaita."

Na yi jira damina ta zo ta wuce, wata ta sake zuwa. Ƙaramin jan nan yana ƙara ƙarfi, har na gane yaron ya fara ja da kansa. Da na ga zan haukace, sai na bar wa mahaifiyata tufkar igiya, na rataya gafakata, na ce bari in je in ji daga bakin malaman.

Na fara da Tsaunin Fitila. Mutanen nan, baƙo, sun kafa fitila a kowane gari da kowane tudu, duk girma ɗaya, mai ɗaya, lagwani ɗaya. In almuru ta yi sai su hau tsauni su duba. Wadda ta dushe ta yi nisa, wadda haskenta ya koma ja tana gudu. Ta kusa sun auna nisanta da igiya, da ita suke auna ta gaba, da ta gaba su auna ta gaba da ita, kamar mai hawa tsani. Shugabansu Malam Cindo, wani siririn mutum mai jajayen idanu saboda kallo, ya saurare ni har na gama. Ya ce, "Za a ba ka amsa. Amma a nan mai tambaya da aiki yake biya. Akwai inda tsaninmu ya rasa mataki. Ɗauki fitila ka je ka tsaya, sai an aiko maka."

A hanya na wuce waɗanda suka riga ni zuwa da tambaya. Kowa tsaye da fitila a ka, gemu ya yi fari, ana kawo musu tuwo da mai a kan jaki. Na tambayi ɗaya me ya zo tambaya. Ya ce ya manta. Da na isa inda aka ce in tsaya, na tarar da wani suri mai tsayina. Na ɗora fitilar a kansa, na ɗinke wata 'yar fata na cika ta da mai, na huda ta da tsinin allura na rataye a sama, man yana ɗiga cikin fitila kaɗan-kaɗan. Na zauna 'yan kwanaki na ga abin yana ci, na juyo abina.

Na shiga wurin Malam Cindo ina shirya ƙaryar da zan yi. Ya riga ni. Ya ce, "Fitilar da ke kan mutum rawa take yi, taka ba ta rawa. Na san suri ne. Ba zan faɗa wa kowa ba, don ta fi duk sauran daɗin awo." Sannan ya zaunar da ni ya gaya mini abin da na zo ji. Ya ce akwai wani nisa wanda in gari ya wuce shi, abin da mai tafiya ya ci da rana ƙasa za ta mayar da shi kafin ya farka, har abada ba zai isa ba. Ya ce a awonsu Dutsin Gawo ya wuce wannan nisan. Da ɗan kaɗan ya wuce, amma ya wuce.

Na ce, "Allah ya gafarta malam, ka tabbata?"

Ya ce, "Na so a ce ban tabbata ba."

Na sauko daga tsaunin. Ban koma gida ba, na miƙe kudu zuwa Kwarin Tuluna, inda Gidan Amo yake. Su ba su kallo, saurare suke yi. Sun bisne manyan tuluna har wuya, kowane ya isa mutum ya zauna a ciki. Sun ce ranar da aka fara shimfiɗa ƙasa an yi wata ƙara, kuma har yau sauranta bai gama mutuwa ba. Daga wannan saura suke lissafin yadda ƙasa ta faro da yadda ya kamata ta riƙa faɗi. A kwarin ba a magana, ba a tari. A bakin shiga aka naɗe mini ƙafa da auduga, aka nuna mini da hannu cewa duk wanda ya yi ƙara za a sa shi a tulu sai ƙararsa ta fita daga kwarin, abin da kan ɗauki watanni.

To, ni da auduga ba ma shiri. Ban yi nisa ba atishawa ta kama ni, irin wadda ke tayar da kaji. Kafin in goge hanci na ji ni a cikin tulu an rufe da faifai.

A cikin tulun nan na ji abin da suke ji. Da fari ba komai sai bugun zuciyata. Da na gaji da fushi na yi lamo, sai ga shi, wani gunji can ƙasa-ƙasa, ba daga gabas ba, ba daga yamma ba, daga ko'ina. Ya girmi garinmu, ya girmi kakannin kakannina, kuma bai san da ni ba, bai san da Tabawa ba. Ban taɓa jin na ƙanƙance kamar ranar ba. Na yi kuka, ina toshe baki don kada a ƙara mini wa'adi.

Amma kuka ba ya fitar da mutum daga tulu. A gafakata akwai wata fatar akuya da ban gama jemewa ba. Na zuba mata ruwan shan da ake miƙo mini, na bar ta a zafin tulun. Kai ba majemi ba ne, ba ka san abin da wannan ke haifarwa ba. Kafin a jima warin ya cika kwarin. Masu saurare a tulunan kusa suka fara tari, na gaba da su suka kama, mutanen da suka shekara ba su yi ko gyaran murya ba. Da hannunsu suka ciro ni suka kai ni bayan kwari, suna toshe hanci.

Can shugabarsu ta same ni, wata tsohuwa da ake kira Iya Dudu, muryarta a dishe saboda rashin amfani. Ta ce, "Ɗan nan, ka ɓata mana aikin wata guda. Me kake so?" Na faɗa mata. Ta rufe ido, ta ce, "Dutsin Gawo bai wuce ba. Yana kusa da wucewa, amma mai ƙafa zai cim masa."

Na ce, "Iya, Malam Cindo ya ce ya wuce."

Ta ce, "Na san abin da ya ce. Tsakanin maganata da tasa bai fi taƙi ɗaya ba a kowane zango. Sai dai zangon da yawa."

Na durƙusa na kama ƙafarta. Na ce ba zan saki ba sai ta yarda ta zauna da Malam Cindo. Ta yarda, shi ma na koma na yi masa naci har ya yarda. Suka haɗu ƙarƙashin wata tsamiya a tsakanin tsauni da kwari. Na ɗauka faɗa za su yi, ina ma a ce sun yi, da na san wanda zan bi. Sai suka yi abin da ya fi faɗa ciwo. Mutanen Cindo suka shiga tuluna, mutanen Iya Dudu suka hau tsauni, kowa yana neman kuskuren ɗan'uwansa, kuma kowa yana roƙon a samo nasa. Aka canja mai, aka canja lagwani, aka haƙa sababbin tuluna. Rani ya wuce a haka, ni ina zaune ina yi musu ɗinkin salka. Ba a samu komai ba.

Ranar da za a watse na tsaya a gabansu. Na ce, "To, yanzu wa ya yi gaskiya?"

Iya Dudu ta ce, "Ko dai ɗayanmu ya yi kuskuren da idonmu duka bai kai gare shi ba, ko kuma ƙasar tana da wani hali da ba wanda ya san shi tukuna."

Na ce, "Ita ƙasar ma ina ta tsaya? In na wuce Dutsin Gawo me zan tarar?"

Malam Cindo ya ce, "Akwai garuruwan da kakanninmu suka kai wa fitila, yau ba ma ganinsu. Ko suna nan, ko akwai wasu a bayansu, ko akwai bakin da ƙasa ta ƙare, ba mu sani ba. Wataƙila jikokin almajiranmu su sani."

Raina ya ɓaci. Na ce, "Jikoki? Ni ɗana ban gani ba. Ban san ko namiji ne ko mace ba. Mata da ɗa gare ni a cikin wannan taƙin naku." Malam Cindo ya sunkuyar da kai, Iya Dudu tana share ido da bakin zanenta. Na so in tsane su, na kasa, don ba su ɓoye mini komai ba.

Na koma gida na tarar da Inna a bakin turke, tafin hannunta duk ya tsage da tufka. Ta dube ni ta gane ban samo komai ba. Ta ce, "Ja biyu ake yi har yanzu, babba da ƙarami. Tashi ka bi igiyarka. Ni zan riƙa ƙara maka ta nan." Na ce madugai sun ƙi. Ta ce, "Madugu ne ya auri Tabawa?"

Na sayar da majemata na sayi taguwa, na kama igiya da hannun hagu na fuskanci gabas. Abin da na gani a wannan fili ba zai faɗu kafin naɗin nan ya ƙare ba, ga shi har ya yi rabi. Na wuce rijiyar da bakinta ya buɗe har ta zama tafki, na wuce gidan da ɗakunansa suka rabu, mai gida yana tafiyar yini kafin ya kai madafa. Ina shan nonon taguwa da guna da ruwan da ya kwanta a kwari. Kullum jan Inna yana wucewa ta hannuna zuwa gabas, jan Tabawa da na yaro suna wucewa zuwa yamma, ni ina tsakiya ina jin su duka. Waɗannan su ne kwanakin da na fi jin daɗi.

Wata rana da hantsi igiyar ta faɗi daga bayana, ta kwanta a ƙasa. Na ja, ta taho ba nauyi. Na zauna a wurin ni kaɗai na karɓi gaisuwar mahaifiyata, ba mai cewa Allah ya jiƙanta sai ni. Sannan na tuna cewa in sako-sakon nan ya isa Dutsin Gawo, Tabawa za ta ɗauka ni ne, ta shiga takaba ina raye. Na yi maza na danne igiyar, na janyo ta baya iya abin da taguwa za ta ɗauka, na yanke, na ɗaura bakin a ƙuguna. Tun ranar ni ne turken.

Za ka ce me zai hana in riƙe ta kawai ta ja ni. Dubi kaurinta. Ko ɗan akuya ba za ta ja ba, balle ni. Abin da nake yi shi ne, in ina tafiya sai ta yi sanyi, in riƙa naɗewa a kafaɗa. In na tsaya salla ko barci ko neman abinci, sai ƙasa ta karɓi abinta. Da fari na yi murna, na ce ga awon da zai raba gardama, in naɗina yana ƙaruwa Iya Dudu ta yi gaskiya, in yana raguwa Cindo ne. Hm. Wani watan in tara har kafaɗa ta yi ciwo, in ce gobe-gobe zan hango gawon garinsu. Wani watan in wayi gari ba ko kamu ɗaya, igiya ta miƙe tana kuka. Ruwa yana sa rama ta ɗaure, zafi yana sa ta saki, kuma ƙafata ta bana ba ta bara ba ce. In na yi asara ban san ko ƙasa ce ta ƙara gudu ko ni ne na rage ba.

Abin da na janyo daga bayan Inna ya ƙare tuntuni. Na yanka takalmana siri-siri na ƙara, na yanka gafaka, na warware rigata. Da taguwa ta mutu na jeme fatarta da abin da na samu, ita ma ta shiga. Ka ga wannan jan wurin da ke wucewa yanzu? Wuyanta ne.

Jan yana zuwa har yanzu, amma ba da safe ba kuma, sai lokacin da ya ga dama, kuma tsakaninsa yana ƙara tsawo. Na san jan da ya iso hannuna yau tsoho ne, an yi shi tun ban san yaushe ba. Ƙaramin ya zama babba, ya fi na uwar ƙarfi, hannun majemi gare shi ko wane ne. Na uwar kuwa yana ta raguwa, har ya koma kamar yadda na jaririn yake a farko. Ga tafin hannuna, taɓa ka ji, ya yi kanta kamar ƙofaton jaki. Kwanakin nan babban kawai nake ji. Ban sani ba ko nata ya daina zuwa ne, ko hannun ne ya daina ji. Wannan ne yake hana ni cin abinci, baƙo, ba nisan ba.

Tsaya. Ga shi nan tafe, na ga gwafar can ta motsa. Don Allah miƙo hannunka, naka sabo ne. Riƙe nan, da yatsa biyu, kada ka matse. Yi shiru.

Ka ji wannan? Wannan na yaron ne, ko kurma zai ji shi. Jira. Kada ka saki tukuna, nata a baya yake zuwa yanzu.

To? Ɗaya ka ji ko biyu?

Kamar akwai, kamar kuma iska ce. Haka ka ce? A'a, kada ka canja magana don ka ga fuskata, abin da ka ji shi za ka faɗa. Su ma malaman abin da suka ji suka faɗa. Na gode, Allah ya saka.

Ga naɗin ya zo ƙarshe, abin da na tara tun asuba ke nan ya tafi a zaman nan. Taimaka mini in miƙe, gwiwar ba ta son tashi. In hanyarka ta bi da kai ta Tsaunin Fitila ko Kwarin Tuluna, ka ce musu Jatau majemi yana gaishe su, yana nan a kan taƙin, in sun daidaita kada su wahalar da kowa wajen aiko mini. Sai abu ɗaya, kuma kada ka ji nauyin cewa a'a. Rawanin nan naka dogo ne, na ga ka yi masa naɗi har ya sauko kafaɗa. In za ka iya yage mini kamu biyu daga bakinsa, zai ishe ni in yi sallar la'asar a zaune.